Hajji: Yadda tsara kaya a tantin Mina ke kare rai da lafiyar alhaji

A ranar 12 ga Janairun 2006, mutum sama da 340 suka rasu a turmutsitsin da ya auku a mashigar gadar Jamrat, inda alhazai ke jifan Shaiɗan. Bayanin da hukumomin Saudiyya suka yi a lokacin shi ne, jakunkuna ne suka zube a kan hanya, na gaba suka yi tuntuɓe da su suka faɗi, na baya kuma suka yi ta dannowa ba tare da sanin abin da ke faruwa ba.

Ranar ta dace da 12 ga Zulhijja, ranar da mafi yawan alhazai ke barin Mina. Da dama sun fito daga tantunansu ɗauke da kayansu, da nufin su yi jifa su wuce Makka kai tsaye.

A wuraren bita, malamai kan ɗauki makonni suna koya wa maniyyata farillai da wajibai da sunnonin aikin Hajji. Amma batun abin da mutum zai ɗauka zuwa Mina, da inda zai ajiye shi, da yadda zai same shi cikin dare, sau da yawa a taƙaice ake taɓa shi, ko a bar kowa da dabararsa. Alhali kwanakin nan biyar zuwa shida zaman sansani ne sosai, kuma su ne mafi wahala a duk tafiyar.

Birnin da ke rayuwa kwana biyar

Mina wani kwari ne tsakanin duwatsu, kimanin kilomita 8 gabas da Masallacin Harami. Akwai tantuna sama da 100,000 a cikinsa, farare, kusan kamanninsu ɗaya. A Hajjin 2024 alhazai sun haura miliyan 1.8, kuma mafi yawansu a wannan kwari suka kwana.

Alhaji kan shiga Mina ranar 8 ga Zulhijja, ya tafi Arfa ranar 9, ya kwana a Muzdalifa, ya dawo Mina ranar 10, sannan ya zauna har 12 ko 13 ga wata. Ma'ana, cikin kwana biyar zai sauya wurin kwana aƙalla sau uku kafin ya koma masaukinsa na Makka.

Rabon kowane mutum a tantin talakawan alhazai katifa ce siririya, wadda faɗinta bai wuce na kafaɗunsa da kaɗan ba, manne da ta maƙwabcinsa. Babu durowa, babu kabad, babu ƙarƙashin gado. Duk abin da mutum ya zo da shi, ko dai ya kwana da shi a kan katifarsa, ko ya ci wurin wani, ko ya tare hanya.

Daga nan ne lissafin tsara kaya ke farawa: wurin da kake da shi bai fi tsawon jikinka ba.

Darasin gobara biyu

Tantunan da ake gani yau ba haka suke ba a da. A Disambar 1975 tukunyar gas ta fashe a Mina, wuta ta kama tantunan yadi, mutum kusan 200 suka rasu. A ranar 15 ga Afrilun 1997 aka sake yin wata gobarar da ita ma aka danganta da tukunyar gas ta girki. Iska ta kaɗa wutar, ta cinye tantuna kimanin 70,000, mutum sama da 340 suka rasa rayukansu.

Bayan wannan ne Saudiyya ta maye gurbin tantunan yadi da na dindindin, waɗanda aka yi da zaren gilashi aka shafe da sinadarin da ba ya kama wuta da sauƙi. An kuma haramta shiga da tukunyar gas da yin girki a cikin tanti.

Sai dai tantin ne kawai ba ya cin wuta. Katifa da bargo da tufafi da ledoji da kwalayen abinci duk suna ci. Kuma idan wani abu ya taso, ko da ihu ne kawai aka yi bisa kuskure, mutum da yawa za su nufi ƙofa ɗaya a lokaci guda. Jakar da aka jingine a bakin ƙofa, ko tarin takalma a mashiga, na iya kayar da tsoho a irin wannan lokaci.

Saboda haka risho, da ƙaramar tukunyar gas, da hitar dafa ruwa da ake tsomawa a bokiti, ba su da gurbi a kayan Mina. Ana raba abinci a sansanin, kuma akwai ruwan sha.

Raba kaya kashi uku

Alhazan da suka saba zuwa, da jami'an da ke rakiyarsu duk shekara, kusan hanya ɗaya suke bi. Tun a masaukin Makka, a daren 7 ga wata, mutum zai zazzage kayansa ya kasa su uku.

Kashi na farko shi ne abin da zai zauna a Makka: babbar jaka, tsaraba, yawancin tufafi, garin tuwo da kayan miya ga wanda ya zo da su, da duk wani abu mai nauyi. A kulle jakar, a rubuta suna da jiha da lambar waya a jikinta.

Kashi na biyu shi ne jakar Mina. Ƙaramar jakar hannu mai ɗaukar kilo 8 da hukumomin alhazai ke rabawa ta isa, kuma ba dole ba ne a cika ta. Jakar goyo ta fi sauƙi, domin tana barin hannu biyu a sake, wanda zai yi amfani wajen hawa mota ko riƙe hannun tsoho.

Kashi na uku shi ne abin da ba ya rabuwa da jiki, ko za a shiga banɗaki.

Tambayar da ke raba gardama a kan kowane abu ita ce: idan motar da ta ɗauko ni ta tsaya a cunkoso aka ce a sauka a taka, zan iya tafiyar awa biyu da wannan a cikin rana? Irin haka na faruwa kusan kowace shekara, musamman tsakanin Muzdalifa da Mina. Abin da amsarsa ta zama a'a, Makka ce wurin zamansa.

Abin da ke jiki

Haramin maza mayafi biyu ne, ba su da aljihu. Wannan kaɗai ya isa ya sa namiji ya yi tanadin ɗamarar kuɗi, wadda malamai suka yi sauƙi a kanta domin kiyaye guzuri. Mata kuma kan yi amfani da ƙaramar jakar wuya da ake sakawa ƙarƙashin hijabi.

Abu na farko a wannan rukuni shi ne katin Nusuk. Tun daga 2024 ya zama dole ga kowane alhaji, kuma shi ne shaidar cewa mutum ya zo bisa ƙa'ida. Jami'an tsaro na tambayarsa a shingaye da ƙofofin sansani. A rataye yake zama a wuya, ba a cikin jaka ba.

Sai waya, da kuɗi kaɗan na Riyal a ƙananan takardu, da maganin yini ɗaya ga mai shan magani kullum. Kada a haɗa guzuri duka wuri ɗaya.

Akwai kuma wata takarda da mutum zai rubuta da hannunsa: sunansa, jiharsa, lambar maktab ɗinsa, lambar titi da ta tanti, lambar wayar jami'in da ke kula da rukuninsa, da sunan cutar da yake fama da ita idan akwai. A naɗe ta a leda saboda gumi. Waya na iya mutuwa ko ta faɗi, amma takarda kowane ɗan sanda ko ɗan agaji zai iya karantawa. Idan an samu wanda zai rubuta ta da Larabci ko Turanci, ya fi.

Lambobin gaggawa ma su shiga takardar: 911 na agajin gaggawa a yankin Makka, 997 na motar asibiti, da 937 na Ma'aikatar Lafiya.

Jaka a cikin jaka

Babban abin da ke ɓata lokaci a tanti shi ne lalube. Mutum na neman ƙwayar magani ɗaya da ƙarfe biyu na dare, sai ya juye jakarsa duka a kan ƙafar maƙwabci.

Maganin wannan shi ne a kasa kayan cikin ƙananan ledoji masu zif ko jakunkunan yadi, kowace da aikinta. Idan launinsu ya bambanta, ko an yi musu alama da maka, ko a duhu hannu zai gane su.

Ta farko ta wanka da tsafta ce: sabulu marar ƙamshi, asuwaki ko buroshi, ƙaramin tawul, tishu, da man shafawa marar turare. Maza sun fi buƙatar wannan man, domin doguwar tafiya cikin harami ba tare da wando ba tana goge cinyoyi har su yi ciwo. Wannan jakar ta kasance mai igiya, saboda a rataye ta a ƙofar banɗaki, tun da ƙasan wurin a jiƙe yake kullum.

Ta biyu ta magani ce. Ta uku ta caja da kayan waya. Ta huɗu ta tufafi: harami ɗaya na canji, da kaya ɗaya ko biyu marasa nauyi da za a saka bayan an fita daga harami ranar 10 ga wata. Naɗe tufafi kamar tabarma ya fi linke su cin wuri kaɗan.

Ta biyar ta ɗan abin taɓawa ce: dabino, biskit, gyaɗa, ƙuli-ƙuli, ko ɗan gari da sukari ga wanda abincin da ake rabawa bai karɓe shi ba. Busasshen abu kawai. Dafaffen abinci ba ya jimawa a zafin Mina kafin ya lalace, kuma gudawa a wurin da ake bin dogon layin banɗaki ba ƙaramar jarrabawa ba ce.

Wajen shirya jakar, abin da ba za a buƙata ba sai ranar Sallah ya shiga ƙasa. Abin da ake buƙata kullum ya zauna sama. Tocila da magani su shiga aljihun waje. Kuma duk abin da aka ɗauko, a mayar da shi inda aka ɗauko shi nan take. Wannan ƙa'ida ɗaya ita ce ke riƙe da sauran.

Kai, ƙafa da hanya

Da zarar an shiga tanti an samu katifa, a ɗauke ta a matsayin gida mai sassa uku.

Wajen kai shi ne ma'aji. Jaka ta zauna nan, bakin zif ɗinta na kallon mai ita. Wasu ma da ita suke matashi. Gilashin ido, tocila, carbi da gorar ruwa su zauna a gefe ɗaya kullum, yadda hannu zai kai gare su ba sai an tashi zaune ba.

Wajen ƙafa na takalmi ne, amma a cikin jakarsa. Silifas ɗin da alhazai ke saya kusan iri ɗaya ne, kuma idan aka tara su a ƙofa, wani zai fita da na wani ba da gangan ba. Wanda ya rasa takalmi a Mina ya shiga matsala, domin kwalta da rana tana ƙona tafin ƙafa, kuma mai ciwon sukari na iya ƙonewa bai ji ba. A yi wa takalmi alama da fenti ko zare mai launi, a kuma ajiye na biyu a jaka.

Sashe na uku shi ne hanyar da ke tsakanin layukan katifu. Wannan ba ta kowa ba ce, ta kowa da kowa ce. Ba a ajiye jaka a kanta, ba a shimfiɗa wayar wuta ta ratsa ta, ba a jera katan ɗin ruwa a bakinta. Haka ma lungunan da ke tsakanin tantuna, inda masu ɗaukar marar lafiya za su bi da gadon ɗauka.

Jiƙaƙƙen tawul ko harami kuwa, a shanya shi a igiya a wajen tanti inda ba zai tare hanya ba. Kada a rataye shi a kan na'urar sanyaya tanti ko kusa da soket, kada kuma a rufe abin kashe gobara da shi.

Rigimar soket

Duk wanda ya taɓa kwana a Mina ya san cewa wurin caji na daga cikin abubuwan da ke haddasa cacar baki. Mutane da yawa ne, soket kaɗan.

Bakin soket ɗin da aka fi amfani da shi a Saudiyya mai ƙafa uku ne, irin na Najeriya da Ghana. Alhazan Nijar da Kamaru da Chadi, waɗanda cajarsu galibi mai ƙafa biyu zagayayyu ce, su tanadi adafta tun daga gida ko a Makka.

Wayar jona wuta mai bakuna da yawa guda ɗaya mai inganci ta ishi mutum biyar ko shida. Haɗarin shi ne a jona wata a jikin wata har uku ko huɗu, ko a tura ta ƙarƙashin katifa inda zafi zai taru. A ɗaga ta sama, nesa da ruwa da bargo.

Fawa bank ya fi komai amfani a ranar Arfa da daren Muzdalifa. A cika shi tun a Makka. A tuna kuma cewa dokar jiragen sama ba ta yarda a saka shi a babbar jakar da ke shiga ƙarƙashin jirgi ba, a jakar hannu yake tafiya. Kada a bar shi ko waya a cikin rana, domin batir na kumbura da zafi.

A manna suna a jikin caja da waya. Sannan da isa, a ɗauki hoton allon da ke ƙofar sansani, a kuma adana wurin a taswirar waya.

Zafi da magani

A Hajjin 2024 zafi ya kai digiri 51.8 a ma'aunin Salshiyas a Makka. Ministan Lafiya na Saudiyya ya sanar da rasuwar mutum 1,301, ya ce kashi 83 cikin 100 ba su da izinin Hajji, kuma sun yi doguwar tafiya cikin rana ba tare da mafaka ba. Lokacin Hajji na matsowa baya da kimanin kwana 11 duk shekara, amma har yanzu ranar Makka ba abin wasa ba ce.

Don haka kayan kare kai daga zafi ba sa shiga ƙasan jaka. Laima mai haske, gorar ruwa da za a iya sake cikawa, da ƙaramar kwalbar fesa ruwa a fuska su kasance kusa da hannu. A haɗa da ƙunshin gishiri da sukari na ORS. Idan babu, ana haɗa ƙaramin cokalin shayi 6 na sukari a shafe, da rabin ƙaramin cokali na gishiri, a cikin lita 1 ta ruwa mai tsafta.

Masu hawan jini da ciwon sukari da asma su ɗauki maganin da zai ishe su kwana bakwai, ba biyar cif ba, saboda jinkiri. A raba shi biyu, wani a jiki wani a jaka. A bar shi a kwalinsa na asali tare da takardar likita, domin likitan da zai duba mutum a can ya san abin da yake sha. Wannan takarda na da muhimmanci tun daga filin jirgi, saboda Saudiyya na da tsauraran dokoki kan magunguna irin su tramadol.

Allurar insulin na lalacewa a zafi mai tsanani. Mai amfani da ita na buƙatar ƙaramar jakar sanyi, kuma ya sanar da tawagar likitocin da ke sansanin tun ranar farko. Mai ciwon sukari ya riƙa yawo da alawa ko dabino a jiki, saboda doguwar tafiya na saukar da sukari ba zato.

Tsarin ayari

Zaman zango ba baƙon abu ba ne a tarihin Bahaushe. Fataken da suka riƙa zuwa Gwanja sayen goro suna da madugu mai yanke shawara, da jagaba mai sanin hanya, kowa da aikinsa. Mutanen tanti ɗaya a Mina ma ayari ne, kuma idan ba a raba aiki ba, kowa zai zo da irin abin da ɗan uwansa ya zo da shi, wani abin kuma a rasa mai shi.

Mutum biyar zuwa goma da ke ɗaki ɗaya ko bene ɗaya a Makka za su iya zama su tsara tun kafin a tashi. Wane ya ɗauki wayar jona wuta. Wane ya ɗauki igiyar shanya da ledojin shara. Wane ya riƙe kayan agajin farko, wato filasta, bandeji, maganin ciwon kai da man zafi. Buta biyu sun ishi rukunin, ba sai kowa ya rungumo tasa ba.

A ware kusurwa ɗaya a tanti ta zama ta kayan haɗin gwiwa, kowa ya san ta. A rataye ledar shara ɗaya, a kuma fitar da ita bayan kowane cin abinci. Robobin abinci da aka bari a tsakanin katifu su ne ke jawo ƙuda da wari, kuma miyar da ta zube a ƙasa tana sa santsi.

Gano tanti ma aikin rukuni ne. A ɗaura wani ƙyalle mai launi na daban a ƙofa, a kuma lura da wata alama babba da ba ta motsi, kamar gada ko lambar da ke jikin turken fitilar titi. Tutar ƙasa kaɗai ba ta isa ba, domin tantunan Najeriya da yawa ne, kuma duk tuta ɗaya ce.

Jakar Arfa da Muzdalifa

Safiyar 9 ga wata ita ce gwajin farko na tsarin. Motoci kan fara ɗiba tun cikin dare ko da asuba, kuma ba sa jiran mai neman takalmi. Wanda ya shirya tun bayan Isha shi ke samun kwanciyar hankali.

Jakar Mina a tanti take zama. Abin da ke tafiya Arfa ƙaramar jaka ce: laima, ruwa, magani, fawa bank, littafin addu'o'i, ɗan abin ci, tishu, da shimfiɗa marar nauyi. Kuɗi da duk wani abu mai daraja kuwa suna jiki.

Shimfiɗar ta Muzdalifa ce, inda ake kwana a fili, a kan ƙasa ko kwalta, babu tanti. Ƙaramar tabarmar roba mai naɗewa ta wadatar. A can ne kuma akasarin alhazai ke tsintar tsakuwar jifa, don haka a tanadi ƙaramar jakar yadi ko gorar ruwa da ta ƙare.

Lissafin tsakuwar shi ne 7 ranar 10 ga wata, 21 ranar 11, da 21 ranar 12, jimilla 49. Wanda zai kai ranar 13 zai ƙara 21, ya zama 70. A ƙara 'yan kaɗan saboda wadda za ta faɗi. Da an koma tanti a ƙirga su a kasa ta kowace rana daban, domin tsakiyar cunkoson Jamrat ba wurin ƙirga ba ne.

A Muzdalifa, a kwanta rukuni ɗaya, nesa da inda motoci ke juyawa, jaka ƙarƙashin kai, igiyarta a hannu.

Hanyar jifa

Tun bayan abin da ya faru a 2006 aka rushe tsohuwar gadar Jamrat aka gina sabuwa mai hawa da yawa, aka raba hanyar shiga da ta fita, kuma jami'ai na hana shiga da manyan jakunkuna. Wanda ya zo da kaya zai iya ganin an mayar da shi baya bayan ya yi tafiyar kilomitoci.

Abin da ake ɗauka zuwa jifa kaɗan ne: kati, tsakuwar ranar, ruwa, laima, waya. Idan wani abu ya faɗi a cikin taro, ko takalmi ne, ba a sunkuyawa ɗauka. Ana kuma bin jadawalin lokacin da aka ba kowane sansani.

Ranar 10 ce kuma ranar aski. Wanda zai yi a wajen 'yan uwa ya tanadi sabuwar rezarsa a kulle cikin jakar tsafta, domin amfani da reza ɗaya tsakanin mutane na yaɗa ciwon hanta da sauran cututtukan da ke bin jini. Bayan an gama a naɗe ta a jefa a shara. Mata na buƙatar ƙaramin almakashi kawai.

Mata da tsofaffi

Tantunan mata daban suke da na maza. Matar da maganinta ko cajarta ko kuɗinta ke cikin jakar mijinta za ta sha wahalar nemansa, musamman idan layin waya ya cunkushe. Kowa ya riƙe nasa, ko da tare aka zo.

Jakar mace na buƙatar ƙarin audugar mata, da ledojin naɗe ta, da hijabi marar nauyi na canji, da safa.

Tsoho kuwa, a shirya jakarsa tare da shi, yana gani, yana taɓawa. Idan 'ya'ya suka shirya masa a bayan idonsa, a tanti ba zai san inda komai yake ba. A nema masa katifa kusa da ƙofa amma ba a kan hanya ba, a kuma haɗa shi da wani mai ƙarfi da ya san inda maganinsa yake da lokacin shansa.

Gwaji tun daga gida

Ranar barin Mina, a haɗa kaya tun da safe, a bar su a kan katifa, a je jifa hannu sake, a dawo a ɗauka, sai dai idan jami'an sansani sun tsara wata hanyar kwashe su. Kafin a fita a ɗaga katifa, a duba soket, a kwance igiyar shanya, a tattara shara.

Duk wannan ana iya gwada shi kafin a bar gida. Maniyyaci ya shirya jakarsa ta Mina, ya goya ta ya yi tafiyar awa ɗaya da takalmin da zai saka a can. Da dare kuma ya shimfiɗa darduma biyu a jere, ya ɗauka nan ne duk wurinsa, ya kashe fitila, ya nemo maganinsa da tocilarsa da takalminsa. Abin da ya gagara samuwa cikin minti ɗaya, a sauya masa wuri. Abin da ya sa kafaɗa ciwo, a rage shi.

Hukumar Alhazai ta Ƙasa, NAHCON, da hukumomin jin daɗin alhazai na jihohi kan sanar da dokokin kaya na kowace shekara, kuma sukan sauya. Ya kamata maniyyaci ya tambayi jami'in cibiyarsa abin da aka amince da shi kafin ya sayi komai. Masu shirya bita kuma za su taimaka ƙwarai idan suka ware zama ɗaya, suka zo da jaka da katifa gaban maniyyata, suka nuna musu a aikace.